Wutsiyar Ɗauka ta Tara

Kowane darakta da irin ciwonsa. Wani ihu, wani latti, wani kuma ba ya jin ya yi aiki sai ya sa wani kuka. Shi wannan da Auta take tace wa hoto, shekara huɗu ke nan, ciwonsa ɗaya ne: ba ya son cewa “kot”, kalmar da ake tsayar da ɗauka da ita. 'Yan wasa za su gama maganar da aka rubuta musu tsaf, su tsaya suna jiran a sallame su, shi kuwa yana can bayan allo ya tallabe haɓa, kyamara na ta ɗauka. Rabin minti, wani lokacin minti guda cur. Wai a cewarsa sai magana ta ƙare mutum yake fitowa. Wannan ragowar ita yake kira wutsiya, kuma duk wanda ya taɓa aiki da shi ya san doka: in ba ka ji “kot” ba, kada ka tashi, kada ka kalli kyamara, duk abin da abokin wasanka ya yi ka bi shi.

Gaskiyar magana, sau tara cikin goma ba abin da ke cikin wutsiyar nan sai mutum biyu suna satar kallon juna, ko wani yana danne atishawa. Auta ce ke zama a ɗan ɗakinta mai baƙin labule, allo biyu a gabanta, fanka na kuka a kanta, ta kalle su ɗaya bayan ɗaya ta zubar. Ba ta ƙorafi. Tana son irin finafinansa: gajeru, minti goma sha biyar ko ashirin, ba duka, ba guje-guje, mutum biyu ne kawai a ɗaki da wata magana da ta ƙi faɗuwa.

Na wannan karon labarin wani tsoho ne da 'yarsa. 'Yar ta samu aiki a gari mai nisa, ta rasa bakin gaya masa, shi kuma ya riga ya sani yana yi kamar bai sani ba. Wanda ya fito a tsohon shi ne mahaifin Auta, wanda duniya ta sani da Baba Tsawa. Shekara arba'in ya yi yana fitowa a maigida mai masifa da mai gidan haya mai zare ido, murya kamar za ta tsaga rufi, har yayi ya wuce shi aka daina kiransa. Auta ce ta kawo sunansa. Tun rasuwar mahaifiyarta yake zaune a gida yana musu da rediyo, ta ce ko aikin zai ɗan farfaɗo da shi. Ba ta shiga wurin ɗauka ba ko sau ɗaya. Mai tace hoto ba ta da abin yi a can, kuma shi ma ya kafa sharaɗi, ya ce ba ya wasa a gaban 'yar cikinsa.

Ran Litinin da safe Darakta ya faɗo ɗakin ba ko sallama, da hotunan ranar ƙarshe a hannunsa, bakinsa har kunne.

“Ɗauka ta tara,” in ji shi. “Ki wuce maganar, ki je wutsiya. Kada ki ce mini komai sai kin gani.”

Ta buɗe. Teburin cin abinci ne, kofi biyu, taga a bayansu. Yarinyar da ta fito a 'yar ta faɗi nata, Baba Tsawa ya faɗi layinsa na ƙarshe, “Ki tafi abinki, ni ba yaro ba ne.” Nan rubutu ya ƙare. Ba a ce “kot” ba.

Ya kalli teburin. Ya kalli hannunsa. Daƙiƙa goma sha biyu, Auta na ganin lambobin suna tafiya a ƙasan allo. Sai hannun ya tashi ya dafa aljihun ƙirjinsa, ya sake dafawa, kamar mai laluben abin da ya tabbata ya saka. Da ya ɗago kai, duk abin da ke fuskarsa ya kwashe. Ya dubi yarinyar da wata irin ladabi, ya ce da murya ƙasa-ƙasa, irin wadda ba wanda ya san Baba Tsawa na da ita:

“Baiwar Allah, yi haƙuri. Nan gidan wa ne?”

Yarinyar ta san doka. Ta bi shi. “Gidanka ne, Baba.”

Ya juya ya dubi labulen, ya dubi agogon bango, ya girgiza kai a hankali. “A'a.” Ya waiga wajen ƙofa. “Ina yarinyar nan? Ta ce za ta zo ta ɗauke ni.”

“Ga ni, Baba,” in ji ta, hawaye na zubo mata na gaske.

Ya yi mata murmushin da ake yi wa baƙo a layin asibiti. “Sannu,” ya ce.

Nan aka ji muryar Darakta a shaƙe yana cewa “kot”, tafi ya ɓarke daga bayan kyamara. Tsohon ya zabura, ya waiga hagu da dama, sannan a hankali fuskarsa ta dawo. Ya kece da dariya, ya miƙe yana rusunawa.

“Kin gani?” Darakta ya buga bayan kujerarta. “Kwana huɗu ina fama da shi, rage Baba, rage Baba, ashe ajiye mini ya yi! Ba a rubuce yake ba fa. Daga kansa ya fito. Fim ɗin ma ya canja, Auta. Ba labarin 'yar da za ta tafi ba ne kawai, labarin 'yar da za ta tafi ta bar uban da ya fara ɓacewa ne. A nan za mu rufe. Ran Juma'a ake rufe karɓar finafinan gasa, ki zage damtse.”

Auta ta tsura wa allon ido. Jikinta ya yi sanyi tun daga dafa aljihun nan, don ta san shi. Wata takwas da suka wuce ta dawo daga aiki ta iske shi tsaye a mararrabar layinsu, gida na kallonsa bai fi taku hamsin ba, yana dafa aljihu haka, fuska wayam. Da ta taɓa shi ya ce iska yake sha. Bayan nan an yi makulli a cikin firji, an yi tambaya ɗaya sau uku kafin a gama karin kumallo, an yi ranar da ya kira ta da sunan mahaifiyarta bai gyara ba. Duk ta tattara ta ce tsufa ne. Sau biyu tana karɓar ranar ganin likita tana sokewa. Kuma ran da aka yi wannan ɗaukar, ita ce ta sauke shi a ƙofar gidan da ake ɗaukar fim ɗin da safe, ta ce masa, “In an tashi zan zo in ɗauke ka.”

Mutum goma sha ɗaya ne a ɗakin nan ranar, duk masana wasa, ba wanda ya ga komai sai wasa. Ba ta ga laifinsu ba. Sana'arsu ce ta rufe musu ido: a wurinsu in abu ya yi kama da gaske sosai, sunansa ƙwarewa.

Ta ce, “Sautin ya yi ƙasa.”

“Ki ɗaga.”

“Hasken taga ya ɗan motsa.”

“Ya motsa mana. Ko rufin ne ya faɗo ba zan taɓa wurin nan ba.”

Ya fita yana waya, yana ba wani labari tun kafin ya kai ƙofa.

Abin da ke gabanta a fili yake, shi ya sa ya yi mata nauyi. In ta bar wutsiyar, baƙi za su zauna a jere su kalli mahaifinta ya ɓace a gaban idonsu yana nemanta, su tafa. In ta gaya wa Darakta gaskiya, mutumin kirki ne duk da ciwonsa, zai cire, zai je gida da ledar lemo ya riƙa yi wa tsohon magana a hankali kamar majinyaci, kafin mako ya zagayo kowa a sana'ar ya ji. Tafin nan kuwa, wanda Baba Tsawa bai taɓa samun irinsa ba a shekara arba'in, sai ya koma abin tausayi.

Ta nemi hanya ta uku, kamar yadda kowa ke yi. Talata da Laraba ta yi su a kan ɗauka ta shida, inda ya faɗi layinsa da kyau ya sunkuyar da kai. Ta ja shirun, ta sako hoton hannun yarinyar a kan kofi, ta rufe da taga. Aiki ne mai tsafta, ba wanda zai kushe. Darakta ya kalla har ƙarshe bai motsa ba.

“Wannan fa?”

“Ya fi natsuwa. Wancan ya yi yawa.”

“Ya yi yawa.” Ya cire tabarau ya goge ido. “Auta, shekara huɗu ban taɓa gaya miki inda za ki yanka ba, don kin fi ni ido. Kin san wannan gawa ce kika yi wa kwalliya. Me ya same ki? Kun yi faɗa da tsohon ne?”

Maganar ta zo mata har baki. Ta ji ta a harshenta, kalma huɗu ko biyar, ta haɗiye. Ta ce kanta ne ke ciwo. Ya ce ta sha magani ta mayar masa da wutsiyarsa kafin gobe da yamma.

A gida kuwa Baba Tsawa ya zama sabon mutum. Ta iske shi a ƙofa ya tare maƙwabcinsu mai gyaran fanfo, yana ba shi labari da hannu da ƙafa, bawan Allah na riƙe da sifana yana neman hanyar tsira.

“Ga ta nan, tambaye ta! Auta, gaya masa. Sun ce har mai riƙe fitila sai da ya yi kuka. Ƙato fa, wuyansa kamar turmi.”

Da suka shiga ciki ta zuba masa ruwa, ta tambaya kamar ba komai, “Baba, ya aka yi ka yi tunanin yin wurin nan?”

“Sirrin sana'a,” ya ce, ya kashe mata ido. “In na gaya miki gobe sai ki buɗe shago.” Ya kurɓi ruwan. “Sun ce na yi wani abu a ƙarshe da ba a rubuta ba. Yaushe za ki kai ni in gani?”

Sun ce. Kalmar nan ce ta tsaya mata a ƙirji. Bai san abin da ya yi ba, yana ta karɓar barka a kai, ita kuma tana ta yanke hukunci a kan fuskarsa kamar kayanta ne. Ta ji kunya, ta ji haushin kanta. Ta ce, “Gobe.”

Ran Alhamis da safe, da ta tabbata Darakta yana wurin masu sauti, ta kawo shi. Ya sa babbar rigarsa ta fita, ya shigo yana tsokanar ɗakin, wai kurkuku ma an fi ba shi taga. Ta zaunar da shi a kujerarta, ita ta tsaya a bayansa, ta danna.

Da farko yana ta surutu. “Kai, dubi wuyan rigar nan, ba wanda ya gyara mini?” Da aka zo layinsa na ƙarshe ya faɗa tare da allon. Da hannun ya tashi zuwa aljihu, sai ya yi tsit. Ta kalli ƙeyarsa har aka gama, ba ta iya kallon allon ba.

“Sake,” ya ce.

Ta sake. Da tafin ya zo ya ɗaga hannu, ta tsayar.

“To,” in ji shi, ya yi gyaran murya. “Ai da gangan ne. Tsohuwar dabara ce. Tsaya ki gani.”

Ya juya kujerar ya fuskance ta. Ya gyara zama, ya kalli hannunsa, ya dafa aljihu. Sannan ya zaro ido, ya buɗe baki, ya karkace kai, ya ce da rawar murya mai cika ɗaki, “Baiwar Allah! Nan gidan wa ne?”

Wasa ne mai kyau, irin wanda ya ci abinci da shi shekara arba'in. Ko kusa bai yi kama da na allon ba. Ya ji da kunnensa. Ya sake gwadawa, ya rage murya, ya tsaya a tsakiyar kalma. Hannunsa ya sauka a gwiwa. Ba abin da ake ji sai fanka.

“Tun yaushe?” ya ce, bai dube ta ba.

“Wata takwas. Ko fiye.”

“Kin sani, kika bar ni na je gaban mutane.”

“Na ce ko aikin zai taimaka, Baba. Na ce ko tsufa ne. Tsoro nake ji.”

“Ni ma,” ya ce. “Kin zaci ban san makullin nan ba? Na ga kin ɗauke daga firji kin mayar kan ƙusa ba ki ce komai ba. Na ce to, tunda yarinya ta rufa mini asiri, ni ma bari in rufa mata.” Ya yi 'yar dariyar da ba ta kai ko'ina ba. “Gida ɗaya, 'yan wasa biyu.”

Ta durƙusa gefen kujerar. Ta gaya masa komai: ɗauka ta shida, faɗan Darakta, Juma'a. Ta ce in ya ce a cire, yau za ta cire, ko da aikinta ne zai tafi, kuma ba sai ta faɗi dalili ba.

Ya daɗe yana kallon fuskar da ke tsaye a allon, bakinta a ɗan buɗe.

“Mutumin nan ya fi ni iya wasa,” ya ce. “Haushi nake ji, wallahi. Shekara arba'in ina ihu, ashe abin da ake so ke nan, kuma sai da aka ƙwace mini kai aka samu.” Ya shafa gemu. “Yarinyar da za ta kalli wannan ta koma gida ta dubi ubanta da kyau, ba za ta tambaya ko da gangan na yi ba. Ki bar shi.”

“Baba, za su tafa.”

“Su tafa. Jikina ne, fuskata ce, ni na je wurin da ƙafata. Ba aron kowa na yi ba. Amma Darakta kada ya ji. Ban yarda ya zo mini da lemo ba.”

Dariya ta kuɓuce mata cikin kuka.

“Saura ɗaya.” Ya kama hannunta, ya matse har ta ji zafi. “Kada ki sake nuna mini. Na gani sau biyu, ya isa. Ko na tambaya, ko na roƙe ki, ko na yi miki tsawa. Kin ji? Yau da hankalina nake gaya miki. Na gobe ban san wanda zai tashi ba.”

“Ranar da za a nuna fa? Za su so ka zo.”

“Ki ce ba ni da lafiya. Ba ƙarya kika yi ba.” Ya miƙe yana gyara riga. “Likitan nan kuma da kike ta ɓoye katinsa a jaka, ki mayar da ranar.”

Ta kai shi gida ta dawo. Ta mayar da wutsiyar inda take, daƙiƙa arba'in da ɗaya, ba ta rage ko ƙiftawar ido ba. Ta ɗaga sautin yadda za a ji “Sannu” ɗin nan har kujerar baya, ta yanke kafin tafi. Darakta ya zo da la'asar ya kalla, ya share ido, ya ce ya san za ta dawo hayyacinta. Ta ce eh, maganin ya yi aiki.

Ran Juma'a da safe ta fito da jakarta a kafaɗa, za ta je su miƙa fim ɗin. Baba Tsawa na zaune a teburi yana juya shayi, rediyo na magana, yana ba shi amsa. Ya kwana lafiya, fuskarsa fes. Da ya gan ta ya rage rediyon.

“Yauwa, Auta. Kin ce za ki kai ni in ga wurin nan da aka tafa mini. Kullum gobe, kullum gobe. Ko sai na kai ƙararki?”

Ta tsaya da makullin mota a hannu. Ta dube shi da idon aikinta, idon da ke gane inda ɗan wasa ya sa hannu, tana fata har cikin ranta ta ga alamar tsokana, ko ɗan motsin gira, ko wani abu da zai nuna gwada ta yake yi. Babu. Murna ce zalla, irin ta wanda aka yi wa alkawari. Jiya gaba ɗayanta ta tafi daga kansa, ta bar mata umarnin ita kaɗai, kuma wanda ya ba da shi ba ya nan balle ta koma ta tambaye shi ko ya tabbata.

“Darakta ya hana,” ta ce. “Wai ba ɗan wasan da zai gani sai an gama gasa.”

“Ji ɗan banza! Ni zai hana ganin fuskata?” Ya buga teburi, cokali ya yi tsalle, yana dariya. “Ke ma kin biye masa. To ki gaya mini kawai, tsakaninki da Allah. Na yi kyau?”

“Ka yi kyau, Baba.”

“Ban yi yawa ba?”

“Ba ka yi yawa ba.”

Ya gyaɗa kai, ya gamsu, ya mayar da rediyonsa. Ta fita ta ja ƙofa, ta shiga mota, ta daɗe a zaune ba ta tayar ba.